Ƙasar Katsina da Rabon Waɗanda Ba a Haifa Ba Tukuna

Idan magidanci ya rasu a Katsina ko a Daura ya bar matarsa da juna biyu, hukuncin da malamanmu na Malikiyya suka tafi a kai shi ne a dakatar da rabon gado har sai ta sauka, komai matsuwar sauran magada, domin wanda ke ciki yana da rabo duk da cewa ba shi da suna, ba shi da baki, kuma ba a san ko namiji ne ko mace ba. A babin wakafi ma sun halatta mutum ya tsayar da gona ko gida ko rijiya don amfanin zuriyar da ba a ko ɗauki cikinta ba tukuna. Ke nan maganar haƙƙin wanda bai zo duniya ba tsohuwa ce a shari'armu, ta riga tarukan ƙasa da ƙasa da ƙarnuka. Tambayar da ta cancanci a tsaya a kanta ita ce: idan shari'a tana ɗaure hannun magada goma saboda jariri ɗaya, da wane dalili mutanen zamani guda za su cinye daji da fadama da ruwan ƙarƙashin ƙasa, waɗanda miliyoyin mutane za su rayu a kansu nan da shekara 50, ba tare da kowa ya tsaya a madadinsu ba?

A rubuce dai an yi nisa. Ranar 28 ga Yuli, 2022, Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar da ƙudurin da ya bayyana cewa zama a muhalli mai tsabta da lafiya da ɗorewa haƙƙi ne na kowane ɗan Adam. Ƙasashe 161 suka goyi baya, 8 suka ƙaurace, babu wadda ta ƙi. A wannan batu Afirka ta riga duniya da shekara 41, domin Yarjejeniyar Afirka kan Haƙƙin Ɗan Adam da Al'ummomi, wadda shugabanni suka amince da ita a Nairobi a 1981, ta faɗa a sashe na 24 cewa kowace al'umma tana da haƙƙin muhalli mai gamsarwa wanda zai taimaki ci gabanta. Nijeriya ta mayar da wannan yarjejeniya dokar cikin gida a 1983, kuma a 2000, a shari'ar da marigayi Gani Fawehinmi ya shigar, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa kotunan ƙasar nan za su iya aiki da ita.

Kundin tsarin mulkin 1999 kuwa ya bayar da hannun dama ne ya karɓe da na hagu. Sashe na 20 ya ɗora wa gwamnati nauyin kare muhalli da inganta shi, da tsare ruwa da iska da ƙasa da daji da namun dawa, amma an ajiye sashen a Babi na Biyu, wanda sashe na 6(6)(c) ya hana kotuna tuhumar hukuma a kansa. Lauyoyi sun nemo hanya ta bayan gida, suka ɗaura maganar muhalli a kan haƙƙin rayuwa da ke sashe na 33, wanda shi kam ana iya kai ƙara a kansa. A 2001 Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Afirka ta sami gwamnatin Nijeriya da laifin tauye haƙƙin mutanen Ogoni, waɗanda haƙar mai ta gurɓata musu muhalli. A Nuwamba 2005 Babbar Kotun Tarayya da ke Benin ta yanke hukuncin cewa ƙona iskar gas a kusa da al'ummar Iwherekan ya saɓa wa haƙƙin rayuwa da mutunci, ko da yake an ci gaba da ƙonawa bayan hukuncin. A 2018 kuma Kotun Ƙoli, a wata shari'ar malalar mai da aka yi da kamfanin NNPC, ta yarda cewa ƙungiya mai zaman kanta na iya shigar da ƙara kan gurɓata muhalli a madadin jama'a ko da ita kanta ba a cutar da ita kai tsaye ba. Wannan hukunci na ƙarshe ya fi sauran muhimmanci a gare mu, domin ya buɗe ƙofar da wani zai yi magana da yawun wanda ba zai iya zuwa kotu ba.

Duk waɗannan manyan shari'o'i daga yankin mai suka fito, kuma akwai dalili. Malalar mai tana da bututu, tana da kamfani, tana da ranar da ta auku, don haka alƙali ya san wanda zai kira. Ɓarnar da ke cin ƙasarmu sannu take tafiya, da hannaye dubu ake yin ta, kuma sau da yawa mai yin ta shi ne farkon wanda take cutarwa. Shi ya sa mutanenmu suka fi kallon ta a matsayin ƙaddara ko sauyin zamani, ba su cika ganin cewa akwai haƙƙin wani da ake ci a cikinta ba.

Faɗin Jihar Katsina murabba'in kilomita 24,000 ne da ɗoriya, kuma bai ƙaru da taƙi ɗaya ba tun da aka ƙirƙiro ta ranar 23 ga Satumba, 1987. Ƙidayar 2006 ta sami mutum miliyan 5.8 a cikinta, hasashen yanzu kuwa ya kai wajen miliyan 10. Gonar da kaka ya noma shi kaɗai yau jikoki da dama ne ke kanta, kowa da ɗan yankinsa, saboda haka al'adar barin gona ta huta ta zama labari. Bayan girbi kuma ana kwashe kara da harawa ƙaf don girki da abincin dabbobi da sayarwa, sai ƙasa ta kwana tsirara tun daga kaka har bazara. Duk wanda ya yi noma a Zango ko Ɓaure ko Mai'aduwa ko Kaita ya san abin da ke biyo baya: iskar da ke gaban ruwan farko tana kwashe saman ƙasa, tana binne gero da yashi tun yana ɗan tsiro, har manomi ya sake shuka sau biyu ko uku. Hamadar da muke tsoro daga cikin gonakinmu take tsirowa, fako bayan fako, tun kafin yashin arewa ya iso. Masana ƙasa sun ƙiyasta cewa samuwar santimita 2 ko 3 na ƙasar noma na iya ɗaukar har shekara 1,000, ke nan abin da iska ta ɗauka a bazara guda ba zai dawo a rayuwar jikan jikanmu ba sai da aiki na musamman.

Itatuwa su ne suka fi nuna yadda zamani ke ciyar da zamani. Wanda ya ci miyar kuka da daddawa yau, daga kuka da ɗorawar da wani ya bari kafin a haifi mahaifinsa ya ci. Kaɗanya takan yi shekara 15 zuwa 20 kafin ta fara 'ya'ya, tsamiya da kanya ma ba gaggawa gare su ba, amma mai injin yanka yana kwantar da kowace a cikinsu kafin azahar. Wanda ya tsaya ya dubi gonakin da ke gefen hanyar Katsina zuwa Daura zai lura cewa manyan itatuwan gargajiya tsofaffi ne, 'yan kaɗan ne ke da ƙananan da za su gaje su, domin garma da awaki da sassabe ba sa barin tsiro. Bedi ya yi mana rana wajen inuwa da tare iska, sai dai ba ya ba da miya, ba ya ba da man kaɗe, kuma ba ya ƙara wa gona ƙarfi kamar gawo.

Babbar asarar kuwa a dukiyar tarayya take, wato abin da ba na kowa ba ne shi kaɗai: gandun daji, makiyaya, burtali, mashaya, hurumin gari. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce mutane sun yi tarayya a abu uku, ruwa da makiyaya da wuta. A zamanin En'e, wato mulkin hukumar gargajiya, an shata gandun daji, gwamnatin Jihar Arewa kuma ta yi dokar makiyaya a 1965, kuma akwai masu unguwanni da dagatai da sarakunan daji da suka san iyakar kowane wuri. Bayan gyaran ƙananan hukumomi na 1976 iko ya koma hannun da ba ya daɗewa a kan kujera, sannu a hankali aka riƙa yanka daji ana mayar da shi gonaki, burtali ya ƙuntata har ya ɓace a wurare da yawa. Ba zan ce wannan ne kaɗai ya haifi ta'addancin da ya mamaye Dajin Rugu da yankunan Batsari da Safana da Ɗanmusa ba, domin akwai makamai da rashin adalci da rashin hukunci a ciki, kuma babu ƙuncin makiyaya da zai halatta kisa da satar mutane. Amma duk mai gaskiya ya san cewa toshe hanyar shanu yana cikin tushen gabar, kuma yaran da ke kwana a makarantun da aka mayar sansanin gudun hijira yau suna biyan bashin shawarar da aka yanke tun ba a haife su ba. Wannan kaɗai ya isa hujja cewa cutar da na baya abu ne da ke faruwa a gaban idonmu.

Ruwa ma haka yake, ta sama da ta ƙasa. Tsofaffin biranenmu cike suke da kududdufai waɗanda aka haƙa don ginin ganuwa da gidaje, suka zama ma'ajiyar ruwan sama, suna rage ƙarfin kwarara, suna kuma shayar da rijiyoyin unguwa ta ƙarƙashin ƙasa. Yanzu ana cike su da shara da ƙasa ana yanka fulotai, alhali ruwan da suke riƙewa bai daina sauka ba. Ƙaruwa ma yake yi wajen ƙarfi: bayan farin 1973 da na 1984 damina ta ɗan farfaɗo, amma wani bincike da aka wallafa a 2017 ya nuna cewa manyan hadura masu zubar da ruwa da yawa a lokaci guda sun ninka sau uku a yankin Sahel cikin shekara 35. Mutanen Jibiya ba za su manta daren Yuli 2018 ba, lokacin da ambaliya ta ci rayuka sama da 40. Ta ƙasa kuwa, akasarin jihar a kan dutse take, ruwanta a tsage-tsagen dutsen yake taruwa, ba shi da yawa, amma kowane mai hali yana haƙa burtsatse a gidansa, wanda ya fi kuɗi ya fi zurfafawa, rijiyar maƙwabcinsa talaka ta ƙafe. A lokaci guda madatsar Zobe, wadda aka kammala tun 1983, ta shafe shekaru masu yawa ba a ci moriyarta yadda aka tsara ba. Ya kamata mutumin Daura ya fi kowa jin zafin wannan, domin tarihin garinsa da labarin rijiyar Kusugu ya fara, wadda aka hana jama'a ɗiba sai ranar Juma'a.

Abin da ya faru a maƙwabciyarmu Zamfara ya nuna iyakar da lamarin ke iya kaiwa. A 2010 aka gano cewa niƙan duwatsun zinare a cikin gidaje, a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, ya watsa gubar dalma a tsakar gida da turɓayar da yara ke wasa, har yara aƙalla 400 suka rasu, wasu dubbai suka rayu da gubar a jininsu, wadda lahaninta ga ƙwaƙwalwa ba ya warkewa. Sai da aka kankare saman ƙasa a garuruwa irin su Bagega aka binne kafin a iya yi wa yaran magani mai amfani. Iyayen ba mugunta suka yi ba, abinci suke nema, kuma ba wanda ya gaya musu abin da ke cikin dutsen. Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah, musamman yanzu da haƙar ma'adinai ta gargajiya ke yaɗuwa a Arewa maso Yamma.

Akwai masu cewa wanda babu shi ba shi da haƙƙi, domin haƙƙi sai da mai shi. Sayyidina Umar, Allah ya ƙara masa yarda, ya amsa wannan tun ƙarni na bakwai. Da aka ci ƙasar Iraƙi, wasu manyan sahabbai, ciki har da Bilal, sun nemi a raba gonakinta tsakanin mayaƙa kamar sauran ganima. Umar ya ƙi, ya bar ƙasar a hannun manomanta suna biyan haraji ga baitulmali, ya kafa hujja da ayoyin Suratul Hashri da suka ambaci masu hijira da mutanen Madina sannan suka ƙara da waɗanda za su zo bayansu. An ruwaito shi yana cewa ba don Musulmin da za su zo daga baya ba, da bai ci wani gari ba face ya raba shi kamar yadda aka raba Haibara. Shugaba ne ya hana rayayyu masu takobi a hannu abin da suke ganin nasu ne, saboda mutanen da ba su da murya a zauren shawara. Kotunan zamani sun iso wurin daga baya: a 1993 Kotun Ƙolin Filifin ta karɓi ƙarar wasu yara da suka ƙalubalanci lasisin saran daji a madadin kansu da waɗanda ba a haifa ba, a 2021 kuma Kotun Tsarin Mulkin Jamus ta ce dokar sauyin yanayi ta ƙasar ta tura nauyi mai yawa kan matasa, dole a gyara.

Wasu kuma sukan ce bakin da Allah ya tsaga ba ya hana shi abinci, na baya za su zo da arzikinsu. Gaskiya ne arziki na Allah ne, amma wannan bai taɓa zama lasisin ɓarna ba. Da Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas ya so ya yi wasiyya da mafi yawan dukiyarsa, Annabi ya tsayar da shi a kan sulusi, ya ce masa barin magada mawadata ya fi barin su matalauta suna roƙon mutane. Idan an taƙaita mutum wajen yin sadaka da dukiyarsa ta halal saboda na bayansa, to ina ga ƙona dukiyar da ba shi ya tara ba? Annabi Yusufu ma ya san Allah ne mai ciyarwa lokacin da ya ce a bar hatsi a zangarniyarsa don shekarun fari. Alƙur'ani kuma ya faɗa ƙarara a Suratur Rum cewa ɓarna ta bayyana a tudu da teku saboda abin da hannayen mutane suka aikata.

Hujjar da ta fi nauyi, wadda ban yarda a wuce ta da sauri ba, ita ce ta talauci. Matar da ke da yara shida da tukunya a kan murhu ba za a ce mata ta bar itace saboda mutanen shekarar 2080 ba, domin yaranta ma suna da haƙƙin rayuwa, kuma nasu na yau ne. Tun da aka cire tallafin man fetur a Mayu 2023 tsadar rayuwa ta mayar da gidaje da yawa daga gas da kananzir zuwa gawayi da itace, har da gidajen ma'aikata a cikin birni. Duk tsarin da zai kare na gobe ta hanyar ƙuntata wa mai hannu baka hannu ƙwarya zalunci ne, kuma ba zai yi aiki ba. A ganina ma'aunin da ya dace yana cikin ayar da ta yi magana kan waliyyin maraya a Suratun Nisa'i, inda aka ce mawadaci ya kame, matalauci kuma ya ci gwargwadon abin da ya dace. Mu waliyyai ne a kan dukiyar da masu ita ba su kai ga karɓa ba. An yarda mabuƙaci ya ci daga abin da dukiyar ke haifarwa, wato reshe da ƙirare da 'ya'ya da ciyawa da ruwan da damina za ta mayar, amma uwar dukiyar, wadda in ta tafi ba ta dawowa, ba ta halatta ga kowa ba, balle ga mai hali. Da wannan ma'auni za a ga bambanci tsakanin tsohuwa mai tsintar ƙirare da dillalin da ke cika tireloli da gawayi, da tsakanin marar gona da ya ci eka guda a gefen daji da babban mutum da aka yanka wa ɗaruruwan hekta da sa hannu ɗaya. Abin baƙin ciki shi ne doka ta fi ganin na farkon. Mai jaki da kayan itace shi malamin daji ke tarewa a hanya, mai tirela kuwa yana da takarda.

Darasin da ya fi dacewa da mu yana tsallaken iyaka, a ƙasar Maraɗi da Damagaram, wurin 'yan'uwanmu masu harshe ɗaya da mu da ruwan sama da bai kai namu ba. Dokar da Nijar ta gada daga Faransa ta mayar da itatuwa mallakar hukuma, ana cin tarar manomi idan ya sare reshe a gonarsa, saboda haka kowa ya gwammace ya kashe tsiro tun yana ƙarami don kada ya jawo masa fitina. A farkon shekarun 1980 wani masanin noma ɗan Ostireliya da ke aiki a Maraɗi, Tony Rinaudo, ya lura cewa 'yan ƙananan kurmin da ake sassabewa kowace shekara toho ne daga kututturan itatuwa masu rai, saiwoyinsu na nan a ƙasa. Maimakon dashe, sai manomi ya zaɓi toho mafi ƙarfi, ya rage sauran, ya kare shi daga dabbobi, abin da suke kira sassabin zamani. Bayan yunwar 1984 aikin ya bazu daga gona zuwa gona, hukuma ta sassauta hannu, daga bisani dokar daji ta 2004 ta ƙarfafa haƙƙin manomi a kan itatuwan gonarsa. Ƙiyasin masu bincike shi ne an farfaɗo da wajen hekta miliyan 5 da itatuwa kusan miliyan 200, kuma wanda ya ƙetara daga Daura zuwa Magarya ko Matamaye zai ga gonaki cike da gawo, itacen da ke zubar da ganye da damina ya bar gero ya sha rana, ya taki ƙasa, ya ciyar da dabbobi da rani. Abin lura shi ne ba wanda ya yi wa waɗannan manoma wa'azin zuriya mai zuwa. An tabbatar musu ne cewa itacen nasu ne, sai suka raya shi, jikokinsu kuma za su gada. Haƙƙin na gobe ta hannun haƙƙin na yau ya samu.

Idan aka kwatanta da wannan, manyan shirye-shiryen dashe sun ci kuɗi fiye da abin da suka bari a ƙasa. Shirin Babbar Katangar Itatuwa, wanda Tarayyar Afirka ta amince da shi a 2007 daga Senegal zuwa Jibuti, ya sa Katsina cikin jihohi 11 na bakin hamada, Nijeriya kuma ta kafa masa hukuma a 2015. Burinsa gyara hekta miliyan 100 kafin 2030, amma rahoton Majalisar Ɗinkin Duniya na 2020 ya nuna cewa hekta miliyan 4 kacal aka gyara a ainihin yankin da aka shata. A nan gida mun ga shirin dashen itatuwa na Katsina da Tarayyar Turai ta tallafa daga ƙarshen shekarun 1980, wanda ya bar layukan bedi masu tare iska, kuma yanzu akwai shirin farfaɗo da ƙasar noma mai suna ACReSAL, na dala miliyan 700 daga Bankin Duniya ga jihohin Arewa 19 da Abuja. Wannan kuɗi rance ne, kuma yaran da ke firamare yau suna cikin masu biya. Saboda haka suna da haƙƙin a auna aikin da yawan itatuwan da suka tsallake rani uku, maimakon yawan tsirran da aka raba a ranar biki.

Akwai kason alhakin da ba namu ba ne, kuma bai kamata a yi shiru a kansa ba. Afirka gaba ɗayanta ba ta fitar da kashi 4 cikin 100 na hayaƙin da ke ɗumama duniya ba, amma manomin Sandamu yana cikin masu ɗanɗana kuɗarsa. A taron sauyin yanayi na duniya da aka yi a Masar a 2022 an amince a kafa asusun biyan asara ga ƙasashe masu rauni, a Yuli 2025 kuma Kotun Duniya mai sauraron shari'o'i tsakanin ƙasashe ta bayar da fatawar cewa kare yanayi wajibi ne na shari'a a kan ƙasashe, wanda saɓa masa na iya jawo diyya. Nijeriya tana da hurumin neman nata da babbar murya, ta kuma yi tata dokar sauyin yanayi wadda marigayi Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Nuwamba 2021. Sai dai ba masana'antar Turai ce ta cike kududdufin unguwarmu ba, kuma ba ita ta sa hannu a takardar rabon daji ba.

Wanda ya sa hannun shi doka ta kira mai riƙon amana. Sashe na farko na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya danƙa ƙasar kowace jiha ga gwamna don ya riƙe ta amana, ya gudanar da ita saboda moriyar dukkan 'yan Nijeriya, kuma ban ga hujjar da za ta fitar da ɗan Nijeriyar da za a haifa a 2050 daga cikinsu ba. Mai riƙon amana ana tambayarsa lissafi, lissafi kuwa da sanin abin da aka ba shi yake farawa. Ya kamata a auna duk gandun daji da makiyaya da burtali da kududdufin da ya rage a ƙananan hukumomi 34, a fitar da taswira da Hausa, a liƙa a ƙofar kowane hakimi, ta yadda ɗan ƙauye zai gane idan an ci iyaka. Duk wani yanki da za a cire daga dukiyar tarayya sai ya bi ta Majalisar Dokoki a bainar jama'a, da sunan wanda za a ba shi da dalili. A rubuta a dokar jiha cewa itacen da manomi ya raya a gonarsa nasa ne, yana iya sassabe reshe ya sayar ba tare da tara ba, a mayar da ƙarfin ma'aikatan daji kan manyan dillalai. Sannan a samar da wanda zai tsaya a madadin na baya. Yankin Wales na Birtaniya ya yi doka a 2015 da ta kafa kwamishinan zuriya mai zuwa, mai bin diddigin shawarwarin hukumomi. Mu da muka saba naɗa wa maraya waliyyi da wakafi mai kula ba mu rasa tubalin gina irin wannan ofis ba, kuma masarautun Katsina da Daura, da yake sarki da hakimi sun fi zaɓaɓɓe daɗewa a wuri, suna da gurbi a ciki, muddin su ma ana tambayarsu lissafin filayen da suka bi ta hannunsu.

Za a ce rashin tsaro ya hana shiga daji balle auna shi, kuma a Rugu da kewayenta wannan gaskiya ne a yanzu. Amma akasarin ƙasar Daura da Mashi da Mani ana noma lafiya, kuma kututturan da za su yi toho suna cikin gonakin. Kududdufan da suka rage a biranen Katsina da Daura da Funtuwa ma ba sa jiran sulhu ko tallafin wata ƙasa. Ƙidaya su da haramta cike su aiki ne da Majalisar Dokokin jiha za ta iya kammalawa kafin damina mai zuwa, kuma bayan hukuncin Kotun Ƙoli na 2018 ƙungiyar unguwa mai rajista tana da abin dogaro idan ta tafi kotu a kan wanda ya fara zuba ƙasa.